Oval ko St John's Wood: ina ya fi daɗin zama a Landan?

Duka biyun unguwannin wasan kurket ne. Oval, a kudancin kogin Thames, sunan filin wasanta ta ci. Tun 1845 ake buga kurket a wurin, ga tsohon tankin gas tsaye yana leƙen 'yan wasa ta bayan katanga. St John's Wood kuwa tana da filin Lord's tun 1814, tituna tsit, babban masallacin Regent's Park kusa, amma hayarta sai masu hannu da shuni.

Ni dai Oval ta fi kwanta mini a rai. Bas ɗaya za ka hau ka sauka kasuwar Brixton, inda doya, manja da busasshen kifi ke jibge a bakin shaguna. Ranar wasa kam, sai haƙuri da cinkoson tashar jirgin ƙasa.