Sharhi a kan sabon gyaran sautin jan kundin The Beatles

Ban sa rai da wani abin kirki ba lokacin da na sayi faifan 1962–1966 na ƙungiyar mawaƙan Birtaniya The Beatles, wanda masoyansu ke kira jan kundi, fitowar Nuwamban 2023. Tun 1973 ake sayar da wannan tarin waƙoƙi, kuma na ɗauka cewa sabon bango kawai aka yi masa domin a sake karɓar kuɗinmu. Waƙar "She Loves You" ce ta sauya mini ra'ayi.

Asalin tef ɗin wannan waƙa ya ɓata tun da daɗewa, saboda haka shekara da shekaru muna jin ta a dunƙule, ganga da jita da muryoyi duk a cakuɗe wuri guda. A wannan fitowa Giles Martin, ɗan George Martin wanda ya ɗauki waƙoƙin tun farko, ya yi amfani da fasahar kwamfuta ta ma'aikatan mai shirya fina-finai Peter Jackson, wadda ke tsame kowane kayan kiɗa daban, sannan ya sake haɗa su. Da na sa na'urar sauraro a kunne, wallahi sai na ji gangar Ringo Starr ta samu wurin zamanta, jitar Paul McCartney mai kaurin amo ta fito fili, muryoyi kuma suka tsaya a tsakiya. Sauran tsofaffin waƙoƙin ma sun rabu da rabon nan mai gajiyar da kunne, inda murya take dama, kiɗa yake hagu.

Jin daɗin nan ne ya tayar mini da tsohon takaici. Kafin wannan na sayi wani tarin waƙoƙin rock na shekarun 1970 da aka rubuta masa cewa an gyara sauti, ashe gyaran bai wuce matse sautin da ƙara masa ƙarfi ba, har wurin da mawaƙi ya sassauta murya da wurin da ya ɗaga ta suka zama daidai, kamar miyar da gishiri ya danne sauran kayan haɗinta. Kuɗina sun tafi a banza, kuma har yau ban huce ba.

Jan kundin ma ba zan ce ya maye gurbin na da ba, domin tsabtar wasu waƙoƙin ta rage musu ɗan kaushin da na saba da shi. An ƙara waƙoƙi 12, sun zama 38, amma ni tsohon faifaina yana nan ban bayar da shi ba.