Hayar ɗakin taro "da komai a ciki" a Sakkwato: me kuɗinka ke saya?

A 'yan shekarun nan masu ɗakunan taro a Sakkwato sun koma sayar da hidima a dunƙule. Da can ɗaki kawai kake kamawa, kai ka nemo mai kujeru, mai lasifika, mai abinci da mai kwalliya. Yanzu farashi ɗaya za a yanka maka, a ce komai na ciki: ɗaki, kujeru da tebura, sanyi, wuta, lasifika, majigi, wani lokaci har da abinci. Wannan hidimar muke dubawa a nan, kamar yadda matsakaitan ɗakuna masu ɗaukar mutum 200 zuwa 400 ke bayar da ita. Ba mu sa manyan wurare irin Cibiyar Taro ta Ƙasa da Ƙasa da ke Kasarawa ko zauren Cibiyar Sultan Maccido a ma'aunin ba, domin tsarinsu daban ne.

Hukuncinmu tun farko shi ne hidimar ta cancanci kuɗinta, amma sai in injin wuta da na'urorin sanyi sun kai girman ɗakin. A garin da zafi ke haura digiri 40 daga Maris zuwa Mayu, sanyi kake saya. Labule da fitilu masu launi da kujerar amarya duk ana iya gyara su da safiyar taro, amma injin da ya yi wa ɗaki kaɗan ba ya gyaruwa ranar.

A fara da yawan mutane, don nan ake fara shiga ruɗani. Ɗauki ɗaki mai faɗin mita 15 da tsawon mita 25. Murabba'in mita 375 ke nan. Cire dandamali, hanyoyin wucewa da wurin ajiye abinci, abin da zai rage bai wuce 300 ba. In kujeru ne a jere kamar na lacca, kowane mutum na cin kusan kashi 8 cikin 10 na murabba'in mita, sai ɗakin ya ɗauki wajen 370. In teburan zagaye ne irin na walima, masu zaunar da mutum 8 zuwa 10, lissafin ya sauko zuwa wajen 230. In kuwa taron bita ne da kowa ke buƙatar tebur a gabansa don rubutu, da ƙyar ya kai 180. Mai ɗaki zai ce maka yana ɗaukar 500, kuma ba lallai ƙarya yake yi ba, ya taɓa ganin an cusa 500 ɗin. Ka tambaye shi da wane irin zama, ka kuma auna da taku da kanka.

Yanzu sanyi. Jikin mutum a zaune yana fitar da zafi kusan BTU 400 zuwa 450 a awa (BTU ma'aunin yawan zafi ne). Mutum 300 sun haɗa wajen 130,000. Esi, wato na'urar sanyi, na tsaye mai ƙarfin doki 5, wanda shi ya fi yawa a ɗakunanmu, yana cire wajen 45,000 zuwa 48,000. Wato guda uku sun tafi a kan zafin jikin mahalarta kaɗai, ba a taɓo zafin kwanon rufi ba, da bangon da rana ta gasa tun hantsi, da fitilu, da ƙofar da ba ta minti ɗaya a rufe. Ɗaki irin wannan a watan Afrilu yana son bakwai ko takwas masu lafiya. Abin da aka fi tararwa shi ne biyar ko shida, ɗaya a ciki iska kawai yake hurawa. Shi ya sa ɗakin ke da daɗi ranar da ka je dubawa babu kowa, amma ƙarfe biyu na ranar taro kowa ya mayar da takardar shiri mafici.

Akwai wani abu da masu ɗakunan kansu ba duka suka sani ba. Yawancin na'urorin da ke kasuwa an auna ƙarfinsu ne a zafin waje na digiri 35. Masu alamar T3 su ne aka yi wa gwaji a 46, su suka dace da nan. Na'urar da ba ta wannan ajin ba tana rage ƙarfi daidai lokacin da aka fi buƙatarta, wani lokaci ta kashe kanta. In aka ƙara da ƙurar hunturu da ta toshe raga a ɓangaren waje, ko aka kafe ɓangaren a bangon yamma inda ranar la'asar ke dukansa, to na'urori takwas ɗin ma a takarda suke. Zagaya bayan ɗakin ka duba. Wanda ke wanke ragar nan duk wata kana gani za ka gane, kuma irinsu ne muke yaba wa, don akwai su a garin nan.

Daga nan sai inji. Kowane esi mai doki 5 yana jan wajen kilowat 5. Takwas sun ci 40. Fitilu, fankoki, lasifika, firiza da famfon tura ruwa su ƙara kamar 10. Inji mai kVA 60 (kVA ma'aunin girman inji ne) kilowat 48 yake bayarwa a rubuce, kuma cikin tsananin zafi ba ya kaiwa haka. Ga shi kuma kwamfureson esi na jan ninkin wutarsa sau da yawa a daidai lokacin tashi. Don haka ɗakin da ke da inji mai kVA 60 dole ya kashe rabin na'urorinsa, ko injin ya riƙa shaƙewa yana mutuwa. Mai kVA 100 shi ne daidai. A wannan nauyin yana shan litar gas 14 zuwa 15 a awa. Taron awa shida, da awa biyu na sanyaya ɗaki kafin baƙi su iso, ya kama lita 110 zuwa 120. Tun ƙarshen 2023 litar gas ta haura naira 1,000, saboda haka man rana ɗaya kaɗai ya wuce naira 100,000.

Da wannan lissafin za ka fahimci farashin da ake yanka maka, kuma da shi za ka gane arahar da ba ta da alheri. Wanda ya yi maka ragi mai yawa daga mai zai fanshe: ya tayar da inji bayan baƙi sun zauna, ya kashe na'urori uku lokacin cin abinci, ya ce awanninka sun cika alhali babban baƙo bai yi jawabi ba. Ba mugunta ba ce a mafi yawan lokuta, ciniki ne aka yi shi a duhu. Mafita a raba kuɗin mai da kuɗin ɗaki. A rubuta awa nawa inji zai yi, ƙarfe nawa za a tayar, na'urori nawa za su yi aiki, nawa ne kuɗin ƙarin awa. Wasu masu shirya taro sukan sayo man da kansu a zuba a gabansu, kuma masu ɗakin kirki ba sa jin haushin haka.

Kada a dogara da wutar layi wajen lissafi. In ta zo riba ce. Ko ita ma ba ta da arahar da: tun Afrilun 2024 masu rukunin Band A, wato waɗanda aka fi ba wuta, ke biyan sama da naira 200 a kan kowane yunit. Sola ta fara shiga ɗakunan, amma kilowat 40 na sanyi ya fi ƙarfin abin da yawancinsu suka kafa. Inda take da amfani na gaske shi ne a ɗora lasifika, majigi da fitilu a kan inbata, ta yadda in aka sauya daga layi zuwa inji magana ba za ta yanke ba. Ɗakin da ya yi wannan ya sami babban maki a wurinmu. Esi kuwa dole ya huta kamar minti uku kafin ya sake tashi, kuma a tayar da su ɗaya bayan ɗaya.

Lasifika matsakaiciya ce a yawancin wurare. Matsalar ba ƙarfi ba ce, amsa-kuwwa ce: tayil a ƙasa, siminti a bango, sai a ajiye manyan akwatuna biyu a gaba a ƙure murya. Na gaba kunnensu na ciwo, na baya ba sa fahimtar kalma. Ƙanana huɗu ko shida a jere a gefen bango, da murya ƙasa-ƙasa, sun fi. A tanadi makirufo mai waya ko da akwai marar waya, da batura sababbi. Majigi mai haske ƙasa da lumen 5,000 ba ya nuna rubutu a ɗakin da tagoginsa ba su da labule mai kauri.

Sabon abin da ake yawan tambaya shi ne haɗa taro da na nesa ta Zoom ko watsa shi ta Facebook, al'adar da ta zauna tun kullen korona na 2020. Ɗakuna kan ce suna da intanet, amma saurin saukewa suke nufi. Kai saurin turawa kake so, aƙalla megabit 4 da ba ya rawa, da data wajen gigabait 2 a kowace awa. Gwajin ɗaki babu kowa ba ya nuna gaskiya, domin in wayoyi 300 suka hau turken sadarwa ɗaya sai layin ya cushe. A zo da layukan kamfani biyu, kuma a ɗauki sauti kai tsaye daga na'urar haɗa murya, kada a bar makirufon kwamfuta ya kwaso hayaniyar ɗaki.

Abinci ya danganta da mai girkin da ɗakin ke hulɗa da ita, kuma a nan an fi samun yabo. Dafa-duka, soyayyar shinkafa, masa, naman rago daga kasuwar Kara, zoɓo da kunun aya, duk ana yin su da kyau. Buhun shinkafa mai kilo 50 yana ciyar da mutum 300 zuwa 400 gwargwadon hannun mai zubawa. Haɗarin yana wajen lokaci. Shinkafar da aka zuba a robobi ƙarfe tara na safe aka jibge a bayan mota har ƙarfe uku ta shiga hatsari, domin dafaffen abinci bai kamata ya wuce awa biyu ba tare da ɗumi ko sanyi ba, a zafi irin namu ma awa ɗaya. Kunun aya ya fi komai saurin juyawa. A sa lokacin cin abinci bayan Azahar kai tsaye, a gaya wa mai girki ta kawo rabin awa kafin nan. Ruwa kuma a lissafa aƙalla leda uku ga kowane mutum a bazara: mutum 300, jaka 45 masu ɗauke da 20.

Inda muke ganin gazawa mafi ciwo shi ne wurin alwala da makewayi. Taron Sakkwato ba ya rasa ratsa sallar Azahar ko La'asar, kuma mutum 200 ne za su tashi a lokaci guda. Famfo huɗu da buta shida ba za su ɗauke su ba, hutun minti 30 sai ya zama awa ɗaya, kuma wannan awar injin na ci gaba da shan mai. Ɓangaren mata shi aka fi mantawa da shi: makewayi ɗaya ko biyu, babu keɓantaccen wurin salla, ga masu goyo. Wannan ba ƙaramin abu ba ne a garin da mata su ne rabin masu biki, suna kuma cikin mahalarta bitar ma'aikatan lafiya. Ka buɗe famfunan, ka tambayi girman tanki, ka ji ko rijiyar burtsatse ce ko sayen ruwa ake yi.

Dalilin da ya sa muke son waɗannan ɗakuna su gyara shi ne yawan bakunan da ke ci daga taro ɗaya. Mai girki da 'yan aikinta, mahauci, mai ƙanƙara, mai ɗaukar hoto, mai buga kati da kyallen sanarwa, 'yan kabu-kabu da masu keke, masu gadi, yaran da ke jera kujeru, har masaukin da baƙon Abuja zai kwana. Kasuwar kuma ta matse ta fuska biyu. Cire tallafin fetur a Mayun 2023 ya ɗaga kuɗin ɗauko kaya da na zuwan mahalarta, iyalai suka rage kwanakin biki, wasu suka koma rumfa a ƙofar gida. Sannan dakatar da tallafin Amurka a farkon 2025, da rufe hukumar USAID wadda ta daɗe tana ayyukan lafiya da ilimi a jihar nan, ya taɓa tarukan bita na tsakiyar mako, waɗanda su ke riƙe ɗaki daga Litinin zuwa Alhamis. Ɗakin da ya rage da Asabar da Lahadi kaɗai dole ya ɗora kuɗin mako a kan kwana biyu.

Sai batun takarda. Yawancin ciniki har yanzu da baki ake yi, sai kafin alƙalami da rasiti marar bayani. Ban da awannin inji, a rubuta ko farashin ya haɗa da harajin VAT na kashi 7.5, adadin kujeru da tebura, wanda zai share, da wanda zai biya in an fasa abu. A rubuta kuma abin da zai faru in an ɗaga taro. A nan ɗagawa ba baƙon abu ba ne: hazon Disamba zuwa Fabrairu na hana jirgi sauka a filin Sultan Abubakar III, mai gabatar da ƙasida ya maƙale a Abuja, mutane da yawa kuma ba sa son bin hanyar Gusau da yamma saboda tsaro, ga rasuwa da kan tsayar da biki. Sharaɗin da ya fi adalci ga ɓangarorin biyu shi ne a yarda da sauya rana sau ɗaya kyauta in an sanar da kwana uku kafin taro, a kuma mayar da kuɗin mai gaba ɗaya tunda ba a ƙona shi ba.

Ga bita ko taron ƙungiya na mutum 100 zuwa 200, hidimar dunƙule ta fi haɗa masu kaya biyar da kanka, musamman daga Nuwamba zuwa Fabrairu da fanka da na'urori kaɗan ke wadatarwa. Ga walimar mutum 400 a Afrilu, in ɗakin ba shi da inji mai kVA 100 da na ko-ta-kwana, gara a mayar da taron bayan La'asar a fili, da rumfuna da fankokin tsaye, a kashe kuɗin man a kan ruwan sanyi da ƙanƙara.