Wane kwas za ki yi kafin lasisinki ya mutu?

Kusan kowane mako sai wata ƙanwa ma'aikaciyar jinya a wurin aiki ta tare ni da tambaya ɗaya: "Anti, lasisina ya kusa mutuwa, wane kwas zan yi?" Bari in amsa gaba ɗaya, har da 'yan'uwanmu maza.

Majalisar Kula da Aikin Jinya da Ungozoma ta Nijeriya, wadda muke kira Kansil, an kafa ta da dokar soja mai lamba 89 ta 1979, kuma ita kaɗai ke ba da lasisin aiki. A 2010 ta shigo da shirin ƙaro ilimi na dole, MCPDP. Tsarin da muka saba da shi: lasisi na shekara uku, a cikinsu ki tara maki shida, uku daga ciki lallai su fito daga bitar MCPDP, sauran ukun daga duk horon da Kansil ta amince da shi. Kafin ki biya ko kwabo, karanta sanarwar Kansil ta baya-bayan nan, don ita ce alƙali.

Ni dai zaɓina bitar kwana biyar da kwamitin MCPDP na jiha ke shiryawa, wadda ake zuwa a zauna a aji daga Litinin zuwa Juma'a. Idan da hali, ki yi ta sau biyu a darasi daban-daban, makinki shida sun cika ba tare da kin roƙi kowa ba. Ana gwaji ranar farko, ana wani ranar ƙarshe, ana kiran suna, sunanki kuma yana shiga jerin da kwamiti ke tura wa Kansil. Wannan jerin shi ne abin da kike saye da kuɗinki, takardar da ake miƙo miki shaida ce kawai.

Ban da maki, akwai abin da kwas ta waya ba ya bayarwa. A bitar lafiyar uwa da jariri da na yi, an sa kowaccenmu ta riƙe ambu, wato jakar hura wa jariri iska, ta farfaɗo da jaririn roba a gaban mutane. Na shekara da shekaru a ɗakin haihuwa, amma ranar wata tsohuwar metiron ta kama hannuna ta gyara min yadda nake ɗora abin a fuskar jariri, iska na zurarewa ta gefe ban sani ba. Mun yi muhawara a kan allurar magnesium ga mai jijjiga, da kuma a kan zubar jini bayan haihuwa, wata daga asibitin karkara ta ba mu labarin yadda take yi ita kaɗai da dare, babu likita, babu wuta, sai tocilar waya. Har yau muna gaisawa, in ta turo mara lafiya sai ta kira ni tun motar na hanya. Ko tsarin rubuta aikin jinya na NANDA, wanda da yawanmu muke gudu, sai da na zauna a aji aka bi shi da misalin mara lafiya na gaske sannan ya zauna min.

Wahalarta a fili take. Sai kin nemi izinin kwana biyar, kin roƙi wadda za ta riƙe miki aikin dare, in daga ƙaramar hukuma kike ga kuɗin mota da masauki. Gurbi kuma yana cika da wuri, musamman ƙarshen shekara. Ki yi rajista tun saura wata shida, kada ki bari lasisin ya mutu tara ta hau kanki.

Kwas ta intanet, irin na manhajar WCEA da Kansil ta yi haɗin gwiwa da ita, ya dace da mai jego ko wadda ke aiki nesa da birni, amma ni a matsayin ciko nake ɗaukarsa. Taron shekara na ƙungiyarmu ta ma'aikatan jinya da ungozoma, NANNM, yana da kyau don zumunci da sanin inda sana'a ta dosa. Bitar ƙungiyoyin agaji tana da ilimi da alawus, sai dai da yawa ba su da makin Kansil. Kwas na ƙwarewa, kamar jinyar ido a Cibiyar Ido ta Ƙasa da ke Kaduna ko jinyar ƙashi a asibitin Dala da ke Kano, wannan shawarar rayuwa ce, ba abin da ake shiga don lasisi ya kusa ƙarewa ba.

Yanzu ga abin da ya sa na zauna rubutun nan. Wata shekara ana gab da tantance mu don ƙarin girma, na duba na ga lasisina saura makonni, ba ni da maki ko ɗaya. Aka haɗa ni da wani mutum da ya ce yana da hanya: in tura kuɗi, in tura hoto, satifiket zai zo har gida ba sai na zauna a aji ba. Na tura. Takarda ta zo da tambari da sa hannu da lamba, tsaf da ita. Da na je sabuntawa aka nemi sunana a jerin waɗanda suka halarci bitar, babu. Ranar da aka rubuta a takardar ma ba a yi wata bita ba. Lambar mutumin ta daina shiga. Na rasa kuɗin, na rasa ƙarin girman shekarar, kuma na kwana da sanin cewa da an tsananta bincike, gabatar da takardar bogi laifi ne da zai iya kai ni gaban kwamitin ladabtarwa.

Don haka duk wanda ya ce miki ba sai kin halarta ba, ɓarawo ne, ko da sanye yake da farin kaya irin namu. Suna nan a zaurukan WhatsApp, suna kwafar tambarin Kansil su liƙa a sanarwa, su ce saura gurbi biyar, ki hanzarta. Wasu a shagon intanet suke, su karɓi kalmar sirrinki da sunan taimako, su canza lambar waya da imel zuwa nasu, daga nan duk abin da za ki yi sai ta hannunsu. Kuɗin lasisi ta Remita, tsarin biyan kuɗin gwamnati, ake biya, ki ciro lambar biyan kuɗi ta RRR da kanki, ki adana rasit. Kuɗin bita kuwa, in an ba ki asusu mai sunan mutum ɗaya, tsaya. Je ofishin daraktan aikin jinya a ma'aikatar lafiya ta jiharku, ko ki tambayi sashen ƙaro ilimi na asibitinku, a nuna miki jadawalin kwamiti da asusunsa a rubuce.

Masu shirin tafiya Ingila ko Saudiyya su fi kowa kiyayewa. Hukumar can za ta nemi tabbaci kai tsaye daga Kansil, kuma fayil ɗinki za a buɗe. A Ingila ma in kin isa, hukumarsu tana neman awa 35 na ƙaro ilimi duk shekara uku, 20 daga ciki tare da wasu mutane.

Idan kin gama bitar, kafin ki bar harabar, duba cewa sunanki da lambar rajistarki sun yi daidai da na lasisinki harafi da harafi. Ki ɗauki hoton satifiket ɗin da takardar halarta da kika sa wa hannu, ki tura wa kanki ta imel.