Kafin ka sayi dashe a Damagaram, fara duba ƙasarka

Da damina ta kankama, musamman dab da 3 ga Agusta, ranar da Nijar ta ware wa shuka itatuwa tun 1975, masu renon dashe kan fito da ledojinsu jere: dogon yaro, mangwaro, itacen turare (eucalyptus), zogale, dakwara. Mai saye yakan ɗauki wanda ganyensa ya fi sheƙi. Kafin bazara ta ƙare sai ka iske busasshen tsinke a ramin. Abin yana ci mini rai, domin kuɗin dashen kaɗan ne, shekara guda da ta tafi ita ce asarar.

A ganina ciniki daga gona yake farawa. Je ka duba abin da Allah ya tsirar a wurin ba da hannun kowa ba, shi zai gaya maka irin ƙasar da kake da ita. Ruwan da ke sauka a Zinder wajen milimita 400 ne a shekara, amma ba ko'ina yake zama ba: dutse yana zubar da shi, jigawa tana shanye shi, fadama tana ajiye shi.

In filinka a gindin dutse yake, irin duwatsun da ke kewaye da unguwar Birni ta Zinder ko na Kutus da Muniyo can wajen Gure, za ka ga anza, dashi, jiga da ƴan ƙayoyi a warwatse, kowanne ya sami tsagar da ya soka saiwarsa. Wannan ba kurmi ba ne, kuma ba zai zama kurmi ba. Daji ne na gajerun itatuwa masu tazara, kuma tazarar ce ke raya su, don kowanne na buƙatar ruwan da ya gangaro daga fili mai faɗi. A nan zaɓi tsakanin dakwara da aduwa yake. Dakwara ta fi sauri: bayan shekara 4 zuwa 5 ana iya fara tsaga ta a ɗebi ƙaro, amma ba ta da tsawon rai, kuma awaki ba sa raga mata tana ƙarama. Aduwa kuwa mai nawa ce ƙwarai, sai ka yi shekaru kana ganin kamar ba ta motsa ba, alhali ƙasa take nutsawa. In ta kama, ta kama: ƴaƴa, mai daga ƙwallonta, ganye ga dabbobi a tsakiyar rani. Mai neman kuɗi kusa ya ɗauki dakwara. Ni dai da zan shuka don ƴaƴana, aduwa zan fi yawaitawa. Ko wacce ka saya, kada ka dasa ta a fako haka kawai. Haƙa rami mai siffar rabin wata, bakinsa na fuskantar inda ruwa ke gangarowa, ko ka jera duwatsu su tare shi. Mangwaro da turare kuwa kada ma ka taya su don irin wannan wuri.

Jigawa, inda sabara da kalgo suke, gidan gawo ne. Yana kakkaɓe ganye da damina, don haka ba ya tare wa hatsi rana, ganyen ya zama taki, da rani dabbobi su sami inuwa da ƴaƴansa. Dattawa har yau suna ba da labarin yadda Sarkin Damagaram Tanimu ya tsananta wa mai sare gawo. Sai dai a nan sau da yawa ba ka buƙatar sayen komai. Manoman Magariya, Matameye da Mirriya sun cika gonakinsu da gawo ta sassaben zamani: a bar tohon da ya fito da kansa, a zaɓi reshe ɗaya ko biyu masu ƙarfi, a datse sauran. Tohon da ke kan tsohuwar saiwa ya fi na leda jure fari nesa ba kusa ba.

Fadama, kamar ta Korama, inda goriba ke tsaye kuma rijiya ba ta da zurfi, nan ne wurin mangwaro, gwaba, zogale da magariya mai aure (wato wadda aka haɗa mata reshen iri mai kyau), wadda ƴaƴanta suka ninka na daji girma. Turare yana ba da azara miƙaƙƙiya, amma shan ruwa gare shi, ka nisanta shi da rijiya. Dogon yaro na ƙofar gida ne da bakin titi.

A wurin mai dashe, ɗaga ledar ka duba gindinta. In saiwa ta huda ta kama ƙasa, ko ta nannaɗe a ciki kamar gammo, bar shi komai kyan ganyensa. Gajere mai kaurin jiki ya fi dogo siriri da ya girma a inuwa. In mai aure ne, a nuna maka tabon auren. Ka kuma ware kuɗin shinge tun kafin ka biya na dashe, ko da ƙaya ce ko aguwa za ka kewaye shi da ita, domin da an sako dabbobi bayan girbi, can za su fara nufa.