Kontar kati ta raba ni da faɗa, amma kuɗina ba su dawo ba

Wata bakwai ke nan da aka sa mini kontar kati a gidana a unguwar Bukoki ta Yamai, kuma tunda 'yan unguwa sun ishe ni da tambaya, gara in faɗa sau ɗaya kowa ya ji. Tana aiki. Ka sayi kuran, ka danna lambobin, ka ga kilowat ɗinka a fuskarta, in sun kusa ƙarewa ta dinga kuka kamar ɗan tsako. Babu mai zuwa karatun lamba, babu faktir. Sai dai ni ba don sha'awa na same ta ba.

Ƙanƙara da zoɓo nake sayarwa. Firiza biyu gare ni, da fanka uku, da tele. Ko a watan Afrilu, lokacin da Yamai ke tafasa, faktir ɗina bai taɓa wuce jika 25 ba. Kwatsam cikin Disamba, ana hunturu, firiza ɗaya ma a kashe take don babu ciniki, sai ga takarda: jika 186. Na ce yaro ya sake karanta mini, ko idona ne.

Na kira mai gyaran wutar da ke mana aiki. Allah ya yi masa albarka, shi kaɗai ne ya yi mini bayani a duk wannan rigima. Ya sauke disjontar, gida ya yi tsit, ya ce, "Hajiya, zo ki gani." Faifan nan na cikin gilashin tsohuwar kontar yana ta juyawa a hankali, alhali ko ƙwan fitila ɗaya ba ya ci. Sannan ya mai da wuta, ya kashe komai, ya jona hitar ruwa mai wat 1000 har awa guda. Ya ce kilowat ɗaya ya kamata ta ci. Ta ci kusan uku. Da maigida ya fusata ya ce a buɗe ta a duba, sai ya riƙe masa hannu: "Alhaji, kada ka taɓa darmar nan. In ta tsinke, maganar ta tashi daga kontar ta lalace ta koma kun saci kuran."

A ofishin masu wuta kuwa amsa ɗaya ce, kamar an haddace: "Hajiya, ki biya tukuna, sannan a duba." Na ce, ɗana, in ina da jika 186 a ajiye, ƙanƙara zan tsaya ƙullawa a leda? Ya yi murmushi ya kira na bayana. Sau huɗu ina zuwa. Na rubuta takardar koke, na biya kuɗin gwajin kontar, aka ce in jira. Ina cikin jiran aka zo aka yanke.

Kwana tara ba wuta. Ko a 2023, da Najeriya ta katse layin Birnin Kebbi bayan juyin mulki, ban yi asara irin wannan ba, don lokacin wuta takan leƙo ta tafi, kuma kowa yana cikin duhun tare da kai. Wannan karon gidana kaɗai ne baƙi ƙirin a layi. Naman da wata maƙwabciya ta ajiye wurina don suna ya yi wari, ni na biya ta, ga kunya.

Daga nan ne ƙanena ya kai ni wurin wisiye, ma'aikacin shari'a mai rubuta shaidar abin da ya gani. Ya zo gida, ya ga faifan, ya ɗauki lambar kontar da ta darma, ya rubuta, ya buga hatimi. Da wannan takarda muka shiga jastis. An ɗage zama sau biyu, ina barin sana'a in wuni a kan benci. Kafin na uku sakamakon gwajinsu ya fito: kontar tana gudu fiye da ƙima. Sai aka nemi sulhu, aka lissafa mini watan a kan abin da na saba biya, aka cire tsohuwar aka sa wannan.

To, na ce tana aiki, amma ina rubutun nan raina yana sake ɓaci. Kuɗin wisiye, kuɗin taksi, naman mutane, cinikin kwana tara, babu wanda ya ce uffan a kai, balle a ce yi haƙuri. Ita sabuwar ma ba waliyiya ba ce. Ran nan ta ƙare mini ƙarfe 2 na dare, rezo ya ƙi, na kasa sayen kuran ta waya, na kwana ina jin ruwa na ɗiga daga firiza. Kuma wa ya ce ita ba za ta lalace ba? Tsohuwar aƙalla ina ganin faifanta da idona, wannan sai abin da ta faɗa.

Shi ya sa yanzu duk farkon wata sai yaro ya jona hitar nan awa guda mu duba. Har yau kilowat ɗaya take ci, ba zan yi mata ƙarya ba. Takardar wisiye kuma na ba maƙwabciyata ta yi fotokofi, don ta ce faifan nata ma ya fara sauri.