Wane Bututu Ya Dace da Jan Ruwa a Waje?

Kafin ka nufi kasuwa, bi hanyar da ruwan zai bi daga burtsatse ko tanki zuwa famfo, ka ga inda bututun zai kwanta cikin ƙasa da inda zai tsaya a fili. A nan Arewa rana ce ke cinye bututu.

Bututun roba na PVC ya fi araha, kuma kowane mai gyaran famfo ya iya haɗa shi da gam. Sai dai in ya daɗe a rana yakan yi gautsi, akuya ta taka ko yaro ya buga masa ƙwallo sai ya tsage. Kuma iri biyu ne: siriri na ruwan datti, da mai kauri da ke jure ƙarfin ruwa. Duba rubutun jikinsa. In ba ka ga PN10 ko PN16 ko makamancinsu ba, wato alamar ƙarfin ruwan da yake iya jurewa, kada mai shago ya lallaɓa ka da "ai duk ɗaya ne, Alhaji".

In tafiyar ruwan mai nisa ce, ni dai baƙin bututun roba na HDPE nake zaɓa. A naɗe yake zuwa, mita 50 ko 100, don haka mahaɗa kaɗan ce, kuma yawanci a mahaɗa yoyo ke farawa. Yana lanƙwasa, baƙin da ke jikinsa kuma yana kare shi daga rana. Aibinsa, in aka bar shi a sarari a watan Afrilu, ruwan zai fito da zafin da ko alwala ba ta yiwuwa.

Bututun roba na PPR da ake haɗawa da injin zafi nagari ne, amma cikin bango ya fi dacewa da shi. Na ƙarfe kuwa yana jure duka, ya dace da hawa ƙafar tanki, sai dai tsada da tsatsa, ga idon ɓarayin ƙarfe.

Ko wanne ka saya, binne shi kamar rabin mita, a zuba yashi ƙarƙashinsa da samansa don kada tsakuwa ta huda shi. Inda mota ke wucewa, a zura shi cikin wani bututu mai faɗi. Abin da ya rage a fili a shafa masa farin fenti.

Kada ka yarda a bi da shi ta cikin kwata don tsoron haƙa. Da zarar an ɗauke ruwa, mahaɗa mai yoyo na iya zuƙo ƙazantar kwatar zuwa famfon da iyalinka ke sha.