Gada ko kwalekwale: yadda saƙo ke tsallakawa tsakanin jijiyoyi

Muna cikin Keke Napep a kan gadar kogin Kaduna ƙanwata mai karatun jinya ta ce, "Yaya, mahaɗar jijiya iri biyu ɗin nan ta ƙi zama a kaina." Tana nufin wurin da saƙo ke tsallakawa daga ƙwayar jijiya ɗaya zuwa wata. Sai na nuna mata wani mai kwalekwale can ƙasa.

Mahaɗar lantarki gada ce. Ƙwayoyin jijiya biyu sun manne, tazararsu ba ta kai nanomita 4 ba (nanomita ɗaya kashi ɗaya ne cikin miliyan na milimita), ƙananan kafofi sun haɗa su, saƙo ya wuce nan take, sau da yawa ta kowane ɓangare. Sauri ne amfaninta.

Mahaɗar sinadari kuwa kwalekwale ce, ita ce ta fi yawa a jikinmu, ita ce kuma ta fi burge ni. Saƙo ya iso bakin gaɓa, wato ƙarshen ƙwayar jijiya ta farko, sinadarin kalsiyam ya shiga, 'yan jakunkuna su fashe su zubo sinadari a rata mai nanomita 20 zuwa 40, ya haye ya sauka a kan masu karɓarsa da ke jikin ƙwaya ta gaba. Akwai ɗan jinkiri, amma a nan ake iya ƙara wa saƙo ƙarfi ko a danne shi. Masanin kimiyya Otto Loewi ya tabbatar da wannan hanya a 1921 da zukatan kwaɗi biyu.

A nan ne kuma wasu magungunan ƙwari ke ɓarna: suna hana a share asetilkolin, sinadarin da ke kai wa tsoka saƙo, daga ratar, tsoka ta yi ta karkarwa, yawu na dalala. Na roƙi ƙanwata ta riƙe wannan sosai, don za ta gamu da manoman da feshi ya taɓa.